Daga Babule zuwa wasan salula: yadda aka daɗe ana yi wa ofis da agogo dariya a ƙasar Ƙonni da Adar

Makon jiya ɗan ƙanwata, wanda ke aji na uku a kwaleji, ya zo ya kwana biyu wurinmu. Bayan sallar lisha ina zaune bisa tabarma ina gyaran kayen ɗalibai, shi kuwa ya duƙufa kan salula, yatsu na rawa, har da gumi a goshi. Tsohuwarmu, wadda ba ta barin jikokinta su huta da tsiya, ta ce masa: "Kai maigidan, noma kake a cikin wayar nan ko dambe?" Ya ce: "Aiki nake, kaka. In na makara za a kore ni."

Na karɓi wayar na duba. Wasa ne irin wanda ake tsere da agogo. Mai wasan sabon akawu ne a wani ofis, masu zuwa neman takarda kuwa duk fatalwa ne da dodanni. Kowane ya shigo da alamar haƙuri bisa kansa tana raguwa. Sai ka karɓi takardarsa, ka buga hatimi, ka kai wa na gaba shayi, ka amsa waya, duk kafin wani ya fusata ya watse. Shugaban ofishin ƙoƙon kai ne sanye da kwat, yana leƙowa yana rage albashi. Na bayyana wa tsohuwa abin da ke ciki. Ta yi dariya har da tafa hannu, ta ce: "Ashe Babule sun shiga waya."

Maganar nan tata ce ta sa na zauna rubuta wannan. Yaron bai san Babule ba, kuma na tabbata yawancin sa'o'insa daga Ƙonni har Illela ba su san su ba. Alhali abin da ke ba shi dariya a wayar, wato iskoki a kujerar ofis suna ba da oda, kakanninmu sun riga masu ƙera salula yin sa da kusan shekara ɗari. Ba ina kiran kowa zuwa bori ba ne, matsayin addininmu a kansa sananne ne. Tarihi nake bi, domin wanda bai san inda aka fito ba yakan ɗauka komai baƙo ne.

Lokaci kafin agogo

Manomin Adar ko na Ƙonni bai taɓa rasa lissafin lokaci ba. Yana da asuba, hantsi, walaha, azahar, la'asar, magariba da lisha. Yana duban gamzaki ya san gari ya kusa wayewa, yana duban kaza da ƴaƴanta ya san inda shekara ta kai. Aikin gandu yana da lokacinsa, na gamana yana da nasa: a yi wa gida aiki har rana ta take, sannan matasa da mata su juya zuwa nasu ɗan fili. Mako kuma kasuwanni ke raba shi, Laraba ta Ƙonni, Lahadi ta Illelar Najeriya. A Masalata, nan kusa da Ƙonni, Arna ke duba shekara su buɗe daji, kuma kafin a buɗe ba mai fita farautar gayya.

Abin lura shi ne, duk wannan lokaci aiki ne ke auna shi. Noman farko yana ƙarewa ne in an gama shi. Ba wanda ke tsaye da littafi yana rubuta wa ya makara da minti goma. Malalaci yana shan gori da waƙar ƴan mata, amma ba a yanke masa lada da agogo.

Birnin iskoki mai muƙamai

Tun kafin zuwan Nasara, masu bori sun ɗauki duniyar iskoki tamkar gari ne mai sarauta. Birninsu shi ne Jangare. Bature A. J. N. Tremearne ya ambace shi a littafinsa na 1914, sannan Fremont Besmer, wanda ya yi bincike a Kano, ya bayyana a 1983 cewa masu bori na lissafa gidaje 12 a cikinsa, ƙarƙashin Sarkin Aljan Sulaimanu. A can akwai malami, akwai wanzami, akwai makaɗi, akwai kuturu, kowa da aikinsa da halinsa. Ɗan Galadima ɗan sarki ne mai caca da almubazzaranci. Malam Alhaji tsoho ne mai tari da jan carbi. Waɗannan sunaye, da irin su Doguwa da Sarkin Rafi, an san su a nan wajenmu ma.

Ke nan Jangare madubin fada ne. Duk wanda ya taɓa zama gefen fili ya ga an hau Ɗan Galadima yana watsa kuɗi, ya san wane ɗan sarki ake nufi, ko da ba a kira suna ba. Da wasa ake faɗa wa wawa gaskiya. Idan kuwa fada ta sake kama, dole madubin ya nuna sabuwar fuska. Haka aka yi.

Abin da 1899 ta kawo

A watan Afrilun 1899 rundunar Faransa ƙarƙashin kyaftin Voulet da Chanoine ta yi artabu da Sarauniya Mangu a Lugu. A watan Mayu ta iso Birnin Ƙonni, ta ƙone garin, ta kashe mutane masu ɗimbin yawa. Kyaftin ɗin biyu ba su ga ƙarshen damina ba, sojojinsu suka harbe su a watan Yuli kusa da Tasawa. Amma mulkin da suka share wa hanya ya zauna. Yarjejeniyar Faransa da Ingila ta 1898 ta zana da'irar mil 100 kewaye da Sakkwato, wadda ta haɗa da Ƙonni. Gyare-gyaren 1904 da 1906, waɗanda Faransa ta nema don ta samu hanya mai rijiyoyi zuwa Damagaram, su suka bar Ƙonni a hannunta. Nijar ta zama cikakken yankin mallaka a 1922, aka kuma mai da babban birni daga Damagaram zuwa Yamai a 1926.

Tare da wannan mulki aka kawo sababbin mutane da talaka bai saba da su ba: kumandan, tafinta, akawu, gardi, likita. Aka kawo lanho da ranar biyansa, da ƙidayar kawuna, da aikin tilas na hanya da ɗaukar kaya. Dokar da Faransawa ke kira indigénat ta ba kumandan ikon kulle mutum har kwana 15 ba tare da shari'a ba. A nan ne makara ta zama laifi. Agogo ya shigo ƙasarmu riƙe da bulala, kuma wanda ya sha bulalar ba shi ke ɗaure da agogon a hannu ba.

Babule

Wajen 1925, a ƙasar Kurfai, yankin Filinge, wasu sababbin iskoki suka bayyana a kan wata mata mai suna Shibbo da mabiyanta. Zabarmawa suka kira su Hauka, da kalmarmu ta Hausa. A Arewa da Kurfai da Adar an fi sanin su da Babule, iskokin wuta, don wanda suka hau yakan riƙe wuta a jikinsa ya nuna ba ta ƙona shi. Muƙamansu ne abin mamaki: Gwamna, Janar, Kafaran Gardi, Lokotoro wato likita, Sakatare, direban jirgin ƙasa. Suna fareti, suna sara wa juna, suna riƙe bindigogin icce, suna zage-zage da gurɓataccen Faransanci.

Hukuma ba ta ɗauki abin wasa ba. Mabiyan sun ƙi bin sarkin Filinge na lokacin, Gado Namalaya, wanda Faransawa ke mara wa baya, har suka fara kafa nasu ƙauyuka. Kumandan na Yamai, Croccichia, ya sa aka kamo su aka kulle, aka dake su don su ce babu Hauka. Daga baya aka kori shugabanninsu daga ƙasar. Sai ga abin da kumandan bai zata ba: shi kansa ya zama iska. Sabon Babule ya bayyana da sunan Kumandan Mugu, wanda ake kuma kira Korsasi saboda shi mutumin tsibirin Korsika ne. Mutumin da ya tashi kashe wasan ya ƙare a matsayin ɗaya daga cikin ƴan wasan, kuma sunansa bai gushe ba a filin bori bayan an manta shi a ofis.

Daga Kurfai abin ya bazu. Nicole Echard, Bafaranshiyar da ta daɗe tana bincike a Adar, ta rubuta a kan yadda Babule suka shiga borin Adar da Kurfai, littafinta ya fito a 1989. Adeline Masquelier ta same su a Dogon Dutsi. Matthias Krings ya same su a Kano, inda ake kiran su Turawa. Ƴan ci-rani kuma suka tafi da su har Gwalkwas, Gana ta yanzu.

Taron gaggawa a kan kare

A can ne Jean Rouch ya ɗauke su a fim a 1954, a bayan garin Akara. Fim ɗin, Les Maîtres fous, ya fito a 1955. Masu wasan ƴan Nijar ne da ke ƙwadago a birni: masu dako, masu haƙar rami, masu kiwo a kasuwa. Ranar Lahadi suka taru a gidan gonar jagoransu. Fadar gwamna suri ne da aka shafa wa fenti. Aka fasa ƙwai bisa kan gunkin gwamna, don ruwan ƙwan ya kwaikwayi farin gashin tsuntsu da ke malalowa daga hular gwamnan Ingila ranar fareti. Gwamna ya yi fushi da Janar. Masu gadi suka yi ta kai da kawo. Daga nan aka yanka kare, sai aka kira taron teburi na manyan jami'ai don a yanke shawara: a ci shi ɗanye ko a dafa?

Duk wanda ya taɓa zama a taron ma'aikata na awa uku a kan abin da bai kai minti biyar ba zai gane wannan zama. A ƙarshen fim ɗin Rouch ya nuna su washegari, kowa ya koma bakin aikinsa, manyan jami'an jiya suna riƙe da diga da shebur suna murmushi.

Fim ɗin ya jawo rigima. Hukumar Ingila ta hana nuna shi a Gwalkwas don ta ga cin mutuncinta ne. Ɗaliban Afirka da suka gan shi a Paris suka ji haushi, suka ce zai ƙara wa Turawa raina baƙar fata, kuma suna da hujja, don akwai kumfar baki da jini a ciki. Duk da haka ya samu kyauta a bikin fina-finai na Venise a 1957.

A nan ya kamata a yi adalci. Masu Babule ba su ɗauki kansu ƴan wasan kwaikwayo ba. A wurinsu iskokin gaskiya ne, masu sa ciwo da warkarwa, kuma ana jin tsoron su. Paul Stoller, wanda ya yi bincike a ƙasar Zabarma, ya nuna cewa tsoro da dariya tare suke tafiya a wannan wasa. Haka tsohuwarmu ma ta ce: suna yara in Babule ya taso da wutarsa sai kowa ya ruga, in an yi nisa a tsaya ana ƙyaƙyata yadda yake taku kamar gardi. Abin da ba ka iya yi wa kumandan a gabansa, ka yi wa inuwarsa.

Agogo ya zama namu

An soke aikin tilas da dokar 11 ga Afrilun 1946, wadda ke ɗauke da sunan Houphouët-Boigny, aka kuma soke indigénat a shekarar. Nasara ya tafi a 1960, amma ya bar agogonsa, mu kuma muka ƙara masa aiki. Asibitin Galmi, da aka buɗe a 1950, ya koya wa mutane layi da kati da shan magani kan awa. Masana'antar siminti ta Malbaza, da ta fara aiki a tsakiyar shekarun 1960, ta kawo aikin karɓa-karɓa dare da rana, domin tandar siminti ba a kashe ta don magariba ta yi. Filin noman rani na Ƙonni, mai sama da hekta 2,000, wanda aka gina daga ƙarshen shekarun 1970 zuwa farkon 1980 da ruwan madatsun Mozage da Zango, ya sa manomi ya san ranar ruwansa da awarsa. In ka makara, ruwa ya wuce gonar maƙwabci, albasa ko alkama ba ta jiran uzuri.

Mu malamai kuwa mu ne masu gadin agogon. Yawancinmu mun tashi da ƙarar tsohon ƙarfen ƙafar mota da ake ratayewa a icce a tsakiyar lakwal. Ƙarfe takwas in ta buga, wanda ya zo daga baya ya san sauran. Yau ni ke sa a buga shi.

Sai dai agogon nan bai kama kowa daidai ba. Ina ɗan kwantaragi na taɓa barin ajina kwana uku ina bin wata takarda a wani ofis da ba zan kira sunansa ba. Ranar farko mai sa hannu yana taro. Ta biyu mai riƙe da makullin kabad ya tafi ta'aziyya. Ta uku aka ce in dawo gobe. Da na koma lakwal, ni aka tambaya dalilin rashin zuwana. Ƙaramin ma'aikaci da ɗalibi da majinyaci suna rayuwa da minti, babba yana rayuwa da "gobe". Tsarin kumandan da talaka ne bai mutu ba, tufafi kawai ya sake.

Inda wasan salula ya fito

Su ma Turawa da nasu tarihin yi wa agogo dariya. Charlie Chaplin ya yi shi a fim ɗin Modern Times a 1936, inda na'ura ta haɗiye lebura. A wasannin na'ura kuwa, ana yawan farawa da Tapper na 1983, inda mai shayarwa ke tsere tsakanin tebura kafin masu jira su fusata. Diner Dash na 2004, wanda kamfanin Gamelab na New York ya ƙera, shi ya yaɗa wannan salo: wata mata, Flo, ta bar aikin ofis ta buɗe gidan abinci, mai wasa na zaunar da baƙi, yana kai abinci, yana kwashe kwanoni. Overcooked na 2016 mutum biyu ne kawai suka ƙera shi a Ingila.

Haɗa ofis da duniyar ɓoye ma ba sabo ba ne a wurinsu. A Grim Fandango na 1998, jarumin ma'aikaci ne mai sayar wa matattu tikitin tafiya. A Death and Taxes na 2020, wanda wasu ƴan tsirarun matasa a Estoniya suka ƙera, mai wasa akawun mutuwa ne mai tebur da takardu da albashi da shugaba mai duba aikinsa kullum. Musulmi zai ji nauyin wasa da irin wannan batu, kuma ya kamata iyaye su san abin da ke cikin wayar ƴaƴansu. Amma dabarar ɗaya ce da ta Jangare: ka ɗauki abin da ake tsoro ka ba shi muƙami da matsalolin ma'aikaci, sai tsoron ya ragu, ofis ɗin kuma ya bayyana a yadda yake.

Yawancin waɗannan wasanni ba manyan kamfanoni suka yi su ba. Mutum ɗaya ne, ko biyu, ko biyar, da kwamfutocinsu a ɗaki. A Afirka ma an fara. Kiro'o Games na Yawunde, wanda Olivier Madiba ya kafa, ya fitar da Aurion a 2016, sannan ya yi Le Responsable Mboa, wasan barkwanci a kan ƙaramin ma'aikacin gwamnati da jarabawar cin hanci. A Yamai ma an ƙera Les Héros du Sahel.

Bambancin da ya dame ni

Da na daɗe ina kallon yaron nan yana wasa, sai na ga inda wayarsa ta rabu da filin Babule. A Kurfai da Akara, lebura ne ke hawa kujerar gwamna, ko da na yini ɗaya ne. Shi ke ba da oda, shi ke kiran taro, kuma jama'a na ganin yadda mulki yake in an tuɓe masa kwarjini. A wayar kuwa yaron akawu ne daga farko har ƙarshe. Yana yi wa shugaban dariya, amma ladarsa tana zuwa ne in ya ƙara sauri wajen yi masa biyayya. Ya ce mini da bakinsa: in na makara za a kore ni. Wasan yana da daɗi, yana koyar da tsara aiki da sanin abin da za a fara, kuma ban hana shi ba. Sai dai dariyar an ƙera ta ne a wata ƙasa, a kan ofisoshin wasu, da dodannin wasu.

Mu kuwa kayan aikin na zube a ƙofar gidanmu. Ga layin ruwa na filin Ƙonni, inda manomi ke tsere da awa. Ga tashar albasa ta Galmi da lodinta. Ga kan iyaka da takardunta. Ga Gizo da Ƙoƙi da Dodo na tatsuniya, waɗanda ba mai jayayya a kansu, suna jiran a ba su tebur da hatimi. Yaron da ya ƙera wasan da Gizo ke shugabancin ofis yana cewa kowa ya dawo gobe, ba sai an fassara wa kowa ba daga Tawa har Zariya.

Abu biyu nake roƙon ƴan'uwana malamai. Na farko, tsofaffin da suka ga Babule da idonsu, suka ji labarin lanho da aikin tilas daga bakin iyayensu, suna ƙarewa. A darasin tarihi mu aiki yara su tambayi kakanninsu, su rubuto da Hausa, mu ajiye. Na biyu, inda duk aka samu kwamfuta ko ɗaya ce a makaranta ko gidan matasa, akwai manhajar Scratch, wadda jami'ar MIT ta Amurka ta fitar a 2007. Kyauta ce, an yi ta don yara, kuma tana aiki ko ba intanet in an sauke ta. Da ita ɗan aji shida zai iya sa hoto ya yi tafiya, ya sa agogo ya ƙirga, ya sa maki ya hau. Daga nan ake farawa.

Kafin yaron ya koma gida na ba shi labarin Kumandan Mugu. Ya yi shiru, sannan ya ce: "Kawu, to shi kumandan ya san an mai da shi aljani?" Na ce ya je ya tambayi kakarsa. Suka zauna har dare ya raba, tana kwatanta masa takun Kafaran Gardi da sandarta, wayar na ajiye bisa tabarma. Allah ya ƙara wa tsofaffinmu lafiya, ya ba mu ikon karɓar abin da ke bakinsu tun suna raye.